Tsakanin Hukunci da Fahimta: Magana a Kan Mai Shaye-shaye

Duk wanda ya zauna a majalisar dattawa a Mada, ko a Tsafe, ko a Bunguɗu, aka ɗauko zancen samarin da suka faɗa shaye-shaye, zai tarar da maganar ba ta wuce gida biyu. Wasu su ce lalacewar tarbiyya ce da ƙarancin tsoron Allah, maganinta kuwa bulala da tsarewa. Wasu kuma, musamman waɗanda suka taɓa karatun zamani, su ce ciwo ne kamar kowane ciwo, wurinsa asibiti, kuma ba a zargin mara lafiya a kan rashin lafiyarsa. Kowane ɓangare yana riƙe da wani yanki na gaskiya, amma abin da ya daɗe yana ci mini tuwo a ƙwarya shi ne, a cikin wannan muhawara duka, da wuya ka ji an ce an zaunar da shi wanda ake maganar a kansa, an tambaye shi abin da yake samu a cikin ƙwayar nan, wanda har ya yarda ya ba da mutuncinsa da lafiyarsa da kwanciyar hankalin mahaifiyarsa dominsa.

Tun da farko ya kamata a kawar da wata shubuha, domin kada mai karatu ya zaci ana neman sassauta abin da Allah Ya tsananta. Haramcin abin da ke gusar da hankali ba wurin jayayya ba ne, kuma malaman usulu, tun daga Imamu Gazali har zuwa Shaɗibi, sun lissafa kiyaye hankali a cikin manyan abubuwa biyar da shari'a ta zo domin ta tsare, tare da addini da rai da zuriya da dukiya. Jihar Zamfara kuwa ita ce ta fara shelar komawa ga shari'ar Musulunci a ƙarshen 1999, a zamanin Gwamna Ahmad Sani Yariman Bakura, aka soma aiki da ita a watan Janairu na 2000, aka rufe gidajen giya, jama'a suka yi murna, murnar kuwa tana da dalili. To amma bala'in da aka kora ta ƙofar mashaya sai ya dawo ta ƙofar kemis, a cikin kwalbar maganin tari da fallen ƙwaya, ba shi da warin da zai tona asirin mai shi, ba shi kuma da kamannin da za su firgita uba idan ya gan shi a aljihun ɗansa, tun da a ido magani ne. Binciken da Hukumar Ƙididdiga ta Ƙasa ta gudanar tare da ofishin Majalisar Ɗinkin Duniya mai yaƙi da miyagun ƙwayoyi, wanda aka fitar a farkon 2019, ya nuna cewa mutum miliyan 14.3 a Nijeriya, daga shekara 15 zuwa 64, sun sha wani abin maye a cikin shekara guda, ban da giya da taba: miliyan 10.6 tabar wiwi, miliyan 4.6 ƙwayoyin kashe ciwo irin su tiramadol, miliyan 2.4 maganin tari mai bugarwa, kuma ɗaya daga cikin kowane huɗu mace ce. A watan Mayu na 2018 gwamnatin tarayya ta hana haɗawa da shigo da maganin tari mai kodin, bayan wani rahoton BBC ya bankaɗo yadda ake fataucinsa. Hukumar NDLEA mai yaƙi da miyagun ƙwayoyi kuma, wadda aka kafa tun 1989, ba ta fasa kamawa da ƙonawa ba. Doka ta faɗi nata, mumbari ya faɗi nasa, yaran kuwa suna nan suna sha, kuma wannan kaɗai ya isa ya nuna akwai abin da ba mu sani ba game da su.

Magabatanmu a fiƙihun Malikiyya ba su yi sakaci da wannan sani ba. Shihabuddini Alƙarafi, malamin Masar da ya rasu a 1285, da ya zo rarrabe abubuwan da ke taɓa hankali a cikin littafinsa Alfuruƙ, bai tsaya ga sunan ganye ko launin ruwa ba, sai ya dubi abin da ke aukuwa a cikin mutumin da ya sha: akwai abin da ke gusar da hankali tare da nishaɗi da jin ƙarfin zuciya, shi ne muskiri, akwai wanda ke dagula hankali ba tare da wannan nishaɗi ba, shi ne mufsidi, akwai kuma wanda ke ɗauke hankali da ji da gani gaba ɗaya ya kwantar da mutum, shi ne murƙidi, a kan wannan rabe-rabe kuma ya gina bambancin hukunci wajen haddi da najasa. Ko mutum ya yarda da inda ya ajiye kowane abu ko bai yarda ba, domin akwai malaman da suka saɓa masa a kan tabar wiwi, abin lura shi ne cewa wannan faƙihi bai ga ya isa ya yanke hukunci ba sai da ya san yadda mayen yake a wurin mai yinsa.

Wannan hanya, ta fara sanin abu daga yadda yake bayyana ga wanda ke cikinsa, ita ce masana falsafar Turai suka mayar fanni mai zaman kansa a farkon ƙarni na ashirin, suka kira shi fenomenoloji. Edmund Husserl, wanda ya karantar a jami'o'in Jamus ya rasu a 1938, shi ya aza harsashinsa, kuma sharaɗinsa na farko shi ne mai nazari ya jingine abin da ya riga ya ƙudurce game da abu na ɗan lokaci, ba don ya ƙaryata shi ba, sai domin ya sami ikon ganin abin kamar yadda yake zuwa ga zuciyar mai shi. Karl Jaspers, likitan taɓin hankali wanda daga baya ya koma falsafa, ya shigo da wannan hanya cikin asibiti a littafin da ya wallafa a 1913, inda ya bambanta bayanin sababi, wato ka san abin da sinadari ke yi wa ƙwaƙwalwa, da fahimtar ma'ana, wato ka san abin da shan yake nufi a rayuwar wannan mutum ɗaya da ke zaune a gabanka. Likita yana iya ƙwarewa a na farko ya jahilci na biyu, mai wa'azi kuma yana iya haddace hukunci ya jahilci duka biyun. Jingine hukunci na sa'a guda domin a saurara ba yarda da saɓo ba ne, tun da alƙalin da ya fi kowa riƙo da shari'a ma ba ya yanke magana sai ya ji ta bakin wanda ake ƙara, Hausawa kuma sun daɗe da cewa mai ɗaki shi ya san inda yake yoyo.

Idan kuwa aka saurara, abu na farko da za a ji shi ne cewa da yawa daga cikinsu ba da neman maye suka fara ba. Ka tsaya kusa da teburin mai shayi da sassafe a lokacin noman farko, za ka ga saurayi ɗan ƙodago da fartanya a kafaɗa, ya ɗan juya baya ga jama'a, ya ɓalle ƙwaya biyu daga falle da babban yatsansa, ya kora da shayi mai zafi, ya cusa sauran a cikin aljihun wandonsa, sa'an nan ya yi sallama ya nufi gona. In ka tambaye shi, cewa zai yi shi ba ɗan ƙwaya ba ne, don aiki yake sha, domin in bai sha ba ba zai iya ƙare kunyoyin da aka yanka masa jinga kafin azahar ba, in kuwa bai ƙare ba ba za a ɗora tukunya a gidansu ba. Haka za ka ji daga bakin ɗan kabu-kabu da ke zirga-zirga tsakanin Mada da Gusau, da mai lodin buhunan hatsi ranar kasuwa, da masu shiga ramukan zinariya a ƙasar Anka da Maru. Tiramadol ɗin da hukuma ta amince da shi mai miligiram 50 ne da mai 100, amma wanda ake fasa-ƙwaurinsa yakan kai 200 ko 225, kuma a idon wannan saurayi ba a matsayin zunubi yake zuwa ba, a matsayin kayan aiki yake zuwa, wato ƙarfin gobe da ya ranto domin ya biya buƙatar yau.

Akwai kuma wanda ba ƙarfin aiki yake nema ba, barci yake nema, kuma a ƙasarmu ta Zamfara wannan kashi ya yawaita a shekarun nan fiye da yadda muke son mu faɗa. Mutumin da 'yan bindiga suka tasa daga ƙauyensu cikin dare, ya kwana a cikin dawa yana jin ƙarar babura, ko wanda ya yi makonni ɗaure a daji har danginsa suka sayar da gona da shanun huɗa suka fanshe shi, ko yaron da aka kashe mahaifinsa a gaban idonsa, irin waɗannan sukan dawo cikin jama'a da jiki lafiya a zahiri, a yi musu barka da arziki, a ce su gode wa Allah, su kuwa gode, amma da dare ya raba sai abin ya dawo musu sabo, motsin ƙyaure ya firgita su, zuciya ta yi ta bugawa har a kira assalatu. Ranar da wani aboki ya miƙa wa irin wannan mutum ƙwayar sa barci, ya yi barcin da rabonsa da shi tun kafin waƙi'ar, to shi a wurinsa sauƙi ne ya zo bayan tsanani, kuma duk wa'azin da bai san da waɗannan darare ba zai wuce ta saman kansa ne kawai. Ga kuma saurayin da gonar gidansu ta koma bakin daji ba ta nomuwa, masaƙar Gusau da ta ciyar da iyaye ta daɗe da durƙushewa, kasuwannin mako ma an taɓa rufe su a 2021 tare da katse layukan waya. Shi wannan abin da ke cinsa tsawon yini ne, da kunyar miƙa hannu ga mahaifiya yana da gemu. Ba za a manta da mata ba, waɗanda baƙin cikin zaman aure, ko ɗacin zawarci, ko kaɗaici a cikin gida, ke kai wasunsu ga juye maganin tari a cikin kwalbar lemo, su sha a gaban kowa ba wanda ya sani, kuma su ne suka fi kowa nisa da taimako, saboda abin da ake yafe wa namiji da sunan ƙuruciya ba a yafe wa mace shi.

Masana ilimin nafsi sun lura da wannan. Edward Khantzian, likita a jami'ar Harvard ta Amurka, ya bayyana a 1985 cewa mai shaye-shaye sau da yawa yana ƙoƙarin yi wa kansa magani ne, kuma abin da yake zaɓa ya sha yakan dace da irin ciwon da ke cikin ransa, mai fargaba ya nemi abin da zai kwantar da shi, mai mutuwar jiki ya nemi abin da zai zaburar da shi. Tun kafinsa da shekara dubu, Abu Zaidi Albalhi, wanda ya rasu a 934, ya rubuta a cikin Masalihul Abdani wal Anfus cewa tsoro da baƙin ciki da waswasi cututtuka ne na nafsi da ke buƙatar kulawa kamar cututtukan jiki, ya kuma sa shawarar amintaccen mutum mai hikima a cikin magungunansu. Ashe ke nan ba baƙon ilimi ake kawo mana ba. Namu ne muka ajiye.

Sai dai wannan sauƙi ba ya ɗorewa, kuma a nan ne labarin yake juyewa. Ƙwaya biyu da suka isa a bara ba sa isa bana, domin jiki ya saba, ranar da aka rasa kuma sai hamma da hawaye da majina, da ciwon gaɓoɓi, da zufa, da rashin barcin da ya fi na farko muni, ta yadda mutumin da ya fara sha domin ya fi ƙarfinsa na yau da kullum sai ya koma yana sha domin ya iya miƙewa kawai. Wanda ya saurari irin waɗannan da kyau zai ga cewa duniyarsu kanta ta canja siffa. Gobe ta fita daga lissafi, maganar aure ko jari ko girbi ta zama kamar labarin wani, abin da ya rage shi ne tazarar da ke tsakanin sha da sha. Gari ya zama hanyoyi biyu, wadda ta bi ta gaban mai sayarwa da wadda ba ta bi ba, ƙafa kuwa ta san wadda za ta ɗauka tun kafin zuciya ta yi shawara. Mutane ma sun rabu, akwai wanda za a iya samun rance a wurinsa, akwai wanda ake ɓuya in an hango shi, kuma abin baƙin ciki, uwa da uba sukan faɗa kashi na biyu. Ana yawan jin su suna rantsuwa cewa wallahi yanzu ba sa jin daɗinta, amma ba sa iya bari, mu kuwa mu ɗauka ƙarya ce ta masu neman tausayi. Terry Robinson da Kent Berridge na jami'ar Michigan sun nuna a 1993 cewa hanyar da ƙwaƙwalwa ke bi wajen kwaɗayin abu dabam take da hanyar jin daɗinsa, kuma maimaita sha yana ƙara kaifin ta farko alhali ta biyu tana dushewa; saboda haka mai wannan rantsuwa gaskiyar abin da ke cikinsa yake faɗa.

A nan ne tambayar da ta fi kowace nauyi take tasowa, kuma tambaya ce ta tauhidi tun kafin ta zama ta likitanci: shin wannan bawan Allah yana da zaɓi, ko kuwa an fi ƙarfinsa? Malaman kalamu sun daɗe suna kai-kawo tsakanin Jabariyya, masu cewa bawa ba shi da kataɓus a cikin aikinsa, da Mu'utazila, masu cewa shi ke halittar aikinsa da kansa, aƙidar Ash'ariyya kuma da aka karantar a zaurukanmu ta tsaya a tsakani, ta tabbatar wa bawa kasabi, wato rabonsa na nufi da ɗaukar nauyi a cikin abin da Allah Ya ƙaddara. Masu cewa shaye-shaye ciwo ne zalla sun karkata ga jabaru ba su sani ba, masu cewa taurin kai ne zalla kuma sun ɗora wa nufin ɗan Adam ikon da ba shi da shi. Abin da ido ke gani ya ƙaryata su duka. Saurayin nan ba ya ɓalle ƙwaya a gaban ɗan sanda ko a gaban surukinsa, kuma da yawansu sukan kame baki tun daga alfijir har faɗuwar rana a watan Ramadana, jiki yana karkarwa, ba su karya azumi ba; wannan hujja ce cewa zaɓi bai mutu ba, taklifi kuma bai faɗi ba. Amma shi dai wannan saurayi ne zai dafa Alƙur'ani da safe, da hawaye na gaske, ya rantse ya bari, kafin magariba kuma ya koma. Wannan kuma hujja ce cewa zaɓin nasa ya ƙuntata ƙwarai. Abin da na fahimta shi ne ikon zaɓi yana da darajoji, yana yalwata yana ƙuntata gwargwadon barci da ƙoshi da aminci da abokan zama da abin da mutum ke sa rai gare shi, kuma idan haka ne, to nauyin tuba yana kan mai shi ba wanda zai ɗauke masa, amma nauyin yalwata masa filin da zai iya tuban yana kan jama'a, kuma za a tambaye mu a kansa.

Akwai binciken da ya ƙarfafa wannan. A lokacin yaƙin Biyetnam, kusan ɗaya cikin biyar na ƙananan sojojin Amurka da aka bincika sun kamu da jarabar hodar hiroyin da danginta, hukumomi suka tsorata da abin da zai faru in sun dawo gida, amma wata mai bincike, Lee Robins, wadda ta bi sawunsu a farkon shekarun 1970, ta tarar mafi yawansu ba su koma cikin jarabar ba bayan sun bar fagen yaƙi sun koma cikin iyalansu. Sinadarin bai canja ba, abin da ya canja shi ne tsoron mutuwa ya ɗauke, wurin da abokan da suka saba sha tare sun yi nisa, rayuwa kuma ta sake samun abin da za a tashi dominsa. Wanda ya yi tunani a kan wannan zai gane cewa dawo da zaman lafiya a ƙauyukan Mada da Wonaka da Tsafe, har manomi ya koma gonarsa, yana cikin manyan magungunan shaye-shaye, ko da ba a rubuta shi a takardar likita ba.

Alƙur'ani ya ambaci nafsi mai yawan umurni da mugun aiki, da nafsi mai yawan zargin kanta, da nafsi mai natsuwa, kuma mu mun saba mu ajiye mai shaye-shaye a ta farko mu wuce. Amma wanda ya zauna da su ya san cewa ta biyu ce ta fi yawa a cikinsu, domin babu zagin da za ka yi masa wanda bai riga ya yi wa kansa ba da asuba, lokacin da ya farka ya tuna abin da ya ɗauka a ɗakin mahaifiyarsa ya sayar. Wannan zargin kai alama ce ta imani mai rai, kuma shi ne igiyar da za a kama a jawo shi. Amma idan jama'a suka ƙara masa da tozartawa, aka daina amsa sallamarsa da sakin fuska, aka matsa daga gare shi a sahu, yara suka riƙa binsa da sunan ɗan ƙwaya, sai nadama ta rikiɗe ta zama yanke ƙauna, yanke ƙauna kuwa ciwo ne sabo, shi kuma magani ɗaya ya sani na kowane ciwo. Buhari ya ruwaito labarin wani mutum a Madina da ake yawan kawowa saboda shan giya, ana yi masa bulala, har wata rana wani daga cikin jama'a ya la'ance shi saboda yawan kawo shi da ake yi, sai Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya hana la'antar, ya kuma shaida cewa mutumin yana son Allah da ManzonSa. Ba a ɗauke masa haddi ba, ba a kuma fitar da shi daga cikin 'yan'uwa ba. Haka nan haramcin giya bai sauka rana ɗaya ba, sai da aka bi ta ayar Baƙara mai auna cutarta da amfaninta, da ayar Nisa'i mai hana kusantar salla cikin maye, kafin ta Ma'ida ta rufe ƙofa. Nana A'isha, Allah Ya yarda da ita, ta bayyana cewa da hanin ne ya fara sauka kafin zukata su ginu, da mutane sun ce ba za su bari ba. Haramcin ya riga ya cika, ba wanda zai mayar da shi mataki-mataki a yau, amma darasin sanin halin ɗan Adam da ke cikin wannan tsari yana nan ga duk mai son ya ja wani daga halaka. Shehu Usmanu ɗan Fodiyo, da ya shafe kimanin shekara biyar yana wa'azi a ƙasar Zamfara, an san shi da haƙuri da talakawa masu ƙarancin sani da sakar musu fuska, kuma da wannan hali ya karɓe zukatansu.

Wannan ne ya sa nake ganin gidan mari ba shi ne mafita ba, duk da na san iyayen da ke kai 'ya'yansu can ba don ƙiyayya suke yi ba, sai don dabara ta ƙare musu. A watan Satumba na 2019 'yan sanda sun buɗe wani gida a unguwar Rigasa ta Kaduna, suka fito da ɗaruruwan maza da yara, wasu da mari a ƙafa da tabon duka a baya, bayan nan aka buɗe irinsa a Daura da wasu garuruwa. Sarƙa tana hana ƙafa zuwa wurin mai sayarwa, amma ba ta taɓa dalilin zuwan, kuma wanda aka ɗaure saboda yana gudun tsoro an ƙara masa tsoro ne a kan nasa. Ban da haka, jikin da ya saba da ƙwaya yana da hukuncinsa: tiramadol mai yawa yana jawo farfaɗiya, yanke ƙwayoyin sa barci irin su diyazafam farat ɗaya kuma yana iya kai mutum ga jijjiga mai haɗari, saboda haka rage su aikin likita ne mai lissafi. Addu'a da ruƙiyya da zikiri suna da matsayinsu mai girma wajen ƙarfafa zuciya, amma neman magani shi ma umurnin addini ne, kuma malamin da ya ce a kai yaro asibiti bai rage kome daga tawakkali ba.

Kada kuma a ɗauka fahimta tana nufin wanke kowa. Mai kemis da ke sayar wa yaro ɗan shekara goma sha biyar falle bayan falle yana sane da abin da yake yi, babban dillalin da ke shigo da katan-katan, da wanda ke kai ƙwaya daji ga 'yan bindiga domin su ƙara bushewar zuciya, waɗannan ba ciwo ke jan su ba, riba ce, kuma hannun hukuma ya kamata ya fi nauyi a kansu fiye da kan ɗan ƙodagon da aka kama da ƙwaya huɗu. Shi ma mai shan, in ya ɗauki kayan wani ko ya taɓa lafiyar matarsa, haƙƙin yana kansa sai ya biya, domin sanin dalilin laifi ba ya share haƙƙin wanda aka zalunta.

Saboda haka ina kira ga malamanmu da limamanmu na Mada da kewaye, Allah Ya gafarta muku, ku ci gaba da bayyana haramci ba tare da sassauci ba, amma ku bar wa waɗannan samari ƙofar zaure a buɗe, ku ware musu lokacin da za su zo su yi magana a asirce, ku kuma san likitan da za ku tura su wurinsa. Iyaye maza, ku daina korar yaro daga gida da sunan kare mutunci, domin inda zai kwana in kun kore shi can ne ake sayar da abin. Masu hali da 'yan kasuwa, wanda ya yi wata uku bai sha ba yana buƙatar aikin da zai riƙe shi tun safe har yamma fiye da yadda yake buƙatar yabo. Su kuma mahukunta, ranku ya daɗe, asibitin ƙwaƙwalwa na tarayya da ke Kware ya fi kilomita 200 daga Mada, na Barnawa a Kaduna ma ba kusa yake ba, hanyoyin kuwa kowa ya san halinsu. Ku sa ma'aikatan da aka horar a kan jarabar ƙwaya da ciwon firgici a asibitocin Tsafe da Bunguɗu da Mada, mata a cikinsu domin mata, yadda uwar da ta yanke shawarar nema wa ɗanta magani da safe za ta iya kai shi ta dawo gida kafin la'asar.